Hannun Da Ya Tona Asirin Dona Zulmira

Ranar Talata, tara ga Yuni, 1981, Allah ya yi wa Dona Zulmira Bezerra rasuwa a gidanta da ke Recife, a ƙasar Brazil. Da yawa daga cikinmu mun ɗauka fim ɗin da ba ya magana bebe ne. Dona Zulmira, ke kika raba ni da wannan kuskuren, ni da ɗalibaina.

Duk Asabar kina zuwa makarantarmu da alewar gwaiba a jaka, ki zauna cikin yara mu haska musu fim guda ɗaya da kika fito a ciki kina budurwa. Ba ki taɓa cewa kin gaji ba. Akwai wurin da kike leƙowa ta taga, sai motsinki ya yi sanyi kamar mai tafiya cikin ruwa. Wata rana Iracema, ɗalibata mai surutu, ta ce, "Kaka, injin ne ya lalace ko barci kike ji?"

Kika ce, "Ja'ira, barcin gidanku! Hannun Firmino ne."

Sannan kika ba mu labarin. A zamanin, da hannu ake juya na'urar ɗaukar hoto, kuma idan mai juyawa ya yi sauri, hoton yakan fito a hankali. Firmino, mai juya na'urar, ɗan masunta ne, baƙar fata. Mahaifinki mai gonakin rake ne, bai yarda ko gaisuwa ta haɗa ku ba, yana zaune a wurin duk lokacin ɗauka. Amma da kin dubi na'urar, sai zuciyar Firmino ta buga, hannunsa ya bi ta. Ranar da aka haska fim ɗin, gari ya yaba gwaninta. Mahaifinki kaɗai ya gane. Kafin wata ya ƙare an sa Firmino a jirgin ruwa zuwa kudu, ba ku sake ganin juna ba. Ba ki yi aure ba.

Allah ya jiƙanki, Dona Zulmira, ya sa kin huta, ya sada ki da wanda aka raba ku. Ina miƙa ta'aziyya ga 'yar ƙanwarki Dona Celeste, wadda ta yi jinyarki, da dukkan dangi. Allah ya ba ku haƙuri.

Ku kuma yara, Asabar mai zuwa za mu haska shi. Ku zo da iyayenku. Idan an kai wurin tagar, kowa ya yi shiru, ku ji abin da Firmino ya faɗa.