Tsinin Ƙayar Dabinon Da Na Ɓoye

Edita, ina roƙon fili in faɗi wani abu da ya daɗe yana ci mini rai. A farkon shekarun tamanin ni ɗalibi ne a Madina, ina shekara ta uku a jami'a, ga rawar kai, ga son a ce ni ne. Ɗan Turancin da na samo a sakandare a Zariya shi ne jarina, domin duk baƙon da ba ya jin Larabci ni ake nemo masa. Ta haka na haɗu da wani baƙar fata ɗan Amurka, sabon shiga Musulunci, wanda ya zo Umra ya kama ɗaki a unguwar Sultana don ya yi wata huɗu yana koyon karatun Alƙur'ani. Yana ce mini Ustaz, duk da ya girme ni, ni kuma kaina yana ƙara girma.

Da na tambaye shi sana'arsa sai ya ce ƙwallo yake bugawa, amma irin na ƙasarsu, mai siffar gwanda. Ya ce shi aikinsa ɗaya ne tak: idan ƙungiyarsu ta rasa hanyar gaba sai a kira shi, a jefo masa ƙwallon, ya sake shi ya doka da ƙafa can sama da nisa, ya koma ya zauna. Wani wasan sau biyar kawai zai shiga. Na yi dariya na ce wannan ai cin banza ne. Ya ce in bar dariya, domin kowace ƙungiya mutum ɗaya take ɗauka a wannan gurbin, kuma duk shekara idan aka buɗe sansanin horo da rani akwai samari a layi suna jiran ƙafarsa ta gaza. Wani abin mamakin kuma, ba ya sa takalmi a ƙafar da yake bugu da ita. Ya ce tun yana yaro haka ya saba, da takalmi ba ya jin ƙwallon.

Da ya nemi wurin da zai riƙa motsa ƙafar, na kai shi wata gonar dabino a Awali, inda wani dattijo Bahaushe haifaffen can yake kula da ita. Baba ya ba mu fili a bayan katanga, amma ya kafa mini sharaɗi da Hausarsa mai gauraye da Larabci. Ya ce kullum lazim in share wurin kafin baƙon ya cire takalmi, domin ƙayar dabino ba ta da imani, in ta karye a cikin nama ba ta ruɓewa, sai dai naman ya ruɓe. Haka muka yi wata biyu bayan kowace la'asar, ina sharewa, ina jefa masa ƙwallo, yana dokawa har sai mun ɗaga kai muna neman inda ya shiga.

Ranar da abin zai faru na gayyato abokaina shida su ga Ba'amurkena, kamar ni na haife shi. Muka tarar an sassabe rassan dabino an ja su ta cikin filin. Na ga tsintsiyar a jingine, amma na ji kunyar a gan ni ina shara a gaban 'yan ajinmu. Da baƙon ya tambaye ni ko wurin ya yi, na ce ya yi. A bugu na huɗu ya sauke ƙafar dama ya zauna daɓas. Ƙaya ce ta shige tsakiyar tafin ƙafarsa. Na yi maza na tsuguna na fizge ta, kuma da na dube ta a tafin hannuna sai na ga babu tsininta. Ya tambaye ni ko ta fita duka. Abokaina na tsaye a kaina, Baba na tahowa daga nesa. Na dunƙule hannu na jefa ta a aljihu, na ce ta fita duka.

Baba ya ce a tafi mustashfa, wato asibiti, a duba. Ni na hana, na ce ruwan zafi da gishiri sun isa, domin na san likita zai gano ƙaryata. A lokacin saura sati biyar ya koma gida. Kwana uku ƙafar ta yi kamar ta warke, har na fara sakin jiki. A na biyar ta kumbura. Kullum in zan hau benen gidansa ina addu'ar in same shi a tsaye, sai in tarar da shi zaune ya ɗora ƙafar a kan matashi, ya buɗe Alƙur'ani yana jirana. Ina yi masa gyaran karatu idona na kan ƙafar. Abinci ya daina shiga mini, a aji malami na magana ban san me yake cewa ba. Ƙayar kuwa tana cikin aljihuna, na kasa jefar da ita, na kasa nuna ta.

Da muka je asibiti a sati na biyu, likita ya tambaya ko an tabbata komai ya fita. Ni ne tafinta. Na juya tambayar zuwa Turanci, baƙon ya nuna ni ya ce Ustaz ne ya cire, kuma Ustaz ya ce duka ta fita. Da bakina na mayar wa likita wannan amsa da Larabci. Aka ba shi ƙwayoyi muka dawo. Wallahi a motar haya ina jin kamar in buɗe ƙofa in dire, amma ina ta yaudarar kaina cewa magani zai narkar da tsinin.

Sai a sati na huɗu, ranar da na ga ya kasa taka ƙafar zuwa Harami, zazzaɓi na kaɗa shi, kumburin ya haura idon sawu, na zaro ƙayar na ajiye a gabansa na faɗa masa komai. Ya ɗauke ta ya juya ta a hannu. Bai yi faɗa ba, kuma da ya zage ni da na fi samun sauƙi. Abin da ya tambaya kawai shi ne tun yaushe na sani, na ce tun ranar. A yammacin aka tsaga ƙafar, aka ciro ɗan tsinin da bai kai ƙwayar shinkafa biyu ba. Likita ya ce da a ranar farko aka zo, aikin minti goma ne, sati guda ya warke. Yanzu kuwa sai an yanke naman da ya lalace, kuma zai yi wata uku bai taka da ƙarfi ba.

Baƙon ya koma gida da sanda. Bayan wata biyar wasiƙarsa ta iso. Ya ce ƙungiyarsu ta ɗauki wani saurayi a gurbinsa, shi kuma ya gwada wasu wurare biyu, amma tafin ƙafar ya daina jin ƙwallon. Ya ce ya yafe mini, ƙaya ƙaddara ce, kowa na iya mance shara. Abu ɗaya ne ya ce har yanzu yana yi masa ciwo, cewa sau biyu ya tambaye ni a ranar, sau biyu na yi masa ƙarya.

Yau na tsufa ina koyar da yara, kuma duk wanda ya yi ɓarna ya zo ya faɗa da bakinsa ba na dukansa. Jama'a, hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. Kuskure ba ya ƙin gyara in an faɗe shi da wuri, ɓoyon ne ke sa shi ruɓa. Idan wani ya dogara da idonka ko da bakinka, musamman baƙon da ba shi da kowa sai kai, ka faɗa masa abin da ka gani ko da za a yi maka dariya. Kunyar da na guda ta minti ɗaya ce a gaban mutum shida waɗanda yau ko sunayensu ban riƙe ba. Shi kuwa bawan Allah bai ƙara buga ƙwallo ba.