Maƙerin da Ya Bi Bindigoginsa Gida-Gida

Yayana Ari maƙeri ne a unguwar Dogo Tebo, kuma da wuya a sami manomi a ƙasar Potiskum a zamaninsa da bai riƙe wani abu da ya fito daga hannunsa ba. Ni ce ƙanwarsa Falmata, yara suna ce mini Gogo. Da mijina ya rasu gidan Ari na dawo, ɗakina kuwa bango ɗaya ya raba shi da maƙera, don haka kada wani ya zo ya koya mini labarin Ari. Na sha ƙarar masabarsa har kunnena na hagu ya mutu.

Garma yake yi, da fartanya da lauje da gatari. Amma abin da ya fitar da sunansa bindiga ce, irin ta toka da ake ɗura wa albarushi ta baki. Yakan je wurin makanikai a bakin tasha ya sayo bututun sitiyarin tsofaffin motocin kaya, ya gyara shi, ya sassaƙa masa ƙota. Maharba suna cewa ta Ari ba ta ƙin tashi. Shi kuwa in ya ji haka sai ya hau shafa gemu, kai ka ce masallaci ya gina.

Shekarar da aka sami 'yancin kai ne Faransa ta tayar da bam ɗinta a cikin Sahara. Gari ya ruɗe. Mata suka yi ta rufe randuna, wasu suka ce shanu za su daina haihuwa. Ari ba shi da rediyo, a teburin Zarami mai shayi yake sauraro ya dawo ya juye mana. Ran nan ya shigo yana huci.

"Falmata, kin ji mutanen banza? Wai abu guda ya cinye gari da mutanensa da awakinsa! Wanda ya zauna ya ƙera wannan, da wane ido zai dubi Ubangiji?"

Na ce, "To Yaya, waccan da ke jingine a bayanka fa, muciya ce?"

Ya ce ai tasa ta biri da gadu ce. Na ƙyale shi, tuwonsa nake ci.

A hanyar Damagum akwai wasu ƙauyuka biyu da fadama ɗaya ta raba, mu dai Tudu da Gangare muke ce musu. Tun kaka da kakanni suke jayayya a kan iyakar fadamar, amma abin bai taɓa wuce zagi da sanda ba. Wata damina gadu ya addabi mutanen Tudu, suka zo Ari ya yi musu bindigogi. Mutanen Gangare suka hango su a kafaɗun maƙwabta, ran kasuwa ta gaba sai ga su, su ma wai gadu. Da Tudu suka ji, suka dawo ƙari. Wallahi gadun da ke fadamar nan duka bai kai yawan bindigogin ba, kuma Ari ya san haka sarai. Amma a lokacin ne muka yi rufin kwano, a lokacin ne aka fara cin nama a gidan nan ba sai da salla ba. Ni ma na ci, ba zan yi ƙarya ba.

'Yarsa Hajjo, wadda yake ji da ita fiye da kowa, a Gangare ta yi aure. Ita ta zaɓi mijinta, Gana, manomi mai yawan dariya. Ari ya ƙera wa surukin nasa bindiga kyauta, har da adon tagulla a ƙota, ya ce bai taɓa yin mai kyanta ba.

Ana tsakiyar yaƙin basasa aka yi harbi a fadamar. Mutum ɗaya na Tudu ya mutu, wani na Gangare ya rasa ƙafa. Aka kai bindigar da ta yi kisan gaban hakimi, aka kira Ari ya duba. Ƙirarsa ce. Ya dawo gida ya zauna a maƙera bai hura wuta ba, abinci ma ya ture. Da na matsa masa sai ya ce, "Hajjo tana can da goyo, Falmata. Duk inda ta juya bakin bindigata ne yake kallonta." Daga ranar ba shi da wata magana sai yadda zai kwashe kayansa daga fadamar nan kafin ɗaya ta sami gidan 'yarsa.

A cikin watannin nan ya ji a rediyon Zarami wai manyan ƙasashe sun sa hannu a yarjejeniyar hana bazuwar makaman ƙare dangi. Ya ce in Amurka da Rasha za su zauna a tabarma ɗaya, su wane ne Tudu da Gangare? Ya yi ta safa da marwa tsakanin hakimi da bulamomin ƙauyukan biyu, wato masu garin, har aka sa rana: kowa ya kawo bindigarsa gindin tsamiyar bakin fadama, Ari ya karya, ya mayar wa mai ita da garma.

Na bi shi don in ga Hajjo. Kai, abin kunya! An tara tuli guda, amma duk gawarwaki ne: na kakanni, masu tsatsa, wata ba kunama, wata har zanzaro ya yi gida a bakinta. Aka yi addu'a, aka raba goro, kowa yana washe baki. Ari ya ɗaga su ɗaya bayan ɗaya, mai lafiya ko guda babu. Ya ja bulaman Tudu gefe, bulaman ya ce masa su Gangare su fara fito da nasu tukuna. Ya ja na Gangare, shi ma ya ce Tudu su fara. Muka dawo da tarkace a kan jaki, shi gaba ni baya.

A nan ne ya rantse: ba zai ƙara ƙera bindiga ba, kuma ba zai ƙara gyara ta ba, ko ta wane ne. Ya ce in ba gyara, da kansu za su mutu. Sai ya shiga bin gida-gida. Duk ran da ba kasuwa zai ɗaura garemani a keke ya nufi fadama, ya zauna a zauren mutum yana lallashi kamar mai neman aure. Wani ya ba shi, wani ya ce ya sayar, wani ya karɓi garmar ya ce a dawo bayan girbi. Shekara da shekaru ana abu ɗaya. Ƙafarsa ta kumbura, nama ya ɓace daga tukunyarmu, ni kuwa na gaji da jin sunan Tudu da Gangare har cikin raina.

Ɗansa Basiru, wanda ya girma a kan zugazugi kuma ya iya duk abin da uban ya iya, shi ma ya gaji. Magidanci ne lokacin, da iyali. Wata rana ya durƙusa ya ce, "Baba, kai ka ci, ka yi rufin kwano, yanzu ka ce an rufe ƙofa. In ban yi ba wani zai yi." Ya kwashe awartakinsa da masabarsa ya buɗe maƙera a Damagum. Duk guda da Ari ya karɓo da ciwon ƙafa, Basiru ya maye gurbinta yana zaune. Da aka ce a rediyo Indiya ma ta gwada nata bam ɗin, Ari bai zagi kowa ba. Ya dai ce, "Su ma Basirunsu ya tashi," ya ajiye kofin shayin bai shanye ba.

Bayan babban farin nan da ya kashe dabbobi, fadamar ce kaɗai ta rage da danshi, rigima ta dawo sabuwa. Sai ga Gana da bindigar nan mai tagulla a naɗe cikin buhu. Bututun ya tsage kusa da gindi, tsaga siririya. Ya riga ya kai wa Basiru, Basirun ya ce masa sai dai sabuwa, shi kuwa fari bai bar masa ko akuya ba.

"Baba, ka taimaka ka gyara mini. Aikinka ne."

"Bar ta a nan, Gana. Ɗauki garma, ɗauki biyu. In na taɓa taka, gobe Tudu za su cika mini ƙofar gida."

"Baba, ka rantse mini ba sauran ko ɗaya a Tudu, in bar ta yanzu-yanzu."

Ari bai iya rantsewa ba. Ni ina bakin ƙofa, raina ya ɓaci, na ce, "Haba Yaya! Ko ka gyara masa, ko ka ƙwace ka karya. Mijin Hajjo ne fa!" Bai yi ko ɗaya ba. Gyara zai karya rantsuwarsa, ƙwace kuwa ba a yi wa suruki. Ya dai riƙe hannun Gana ya ce don girman Allah kada ya harba ta. Gana ya yi dariyar nan tasa, ya ce ai rataya kawai zai riƙa yi don a gani.

Ba a yi faɗa ba ma. Gadu ne, wallahi, gadu na gaske, ya shiga masa rogo da rana tsaka, rogon da shi kaɗai ya rage musu. Gana ya manta, ko kuwa bai manta ba, oho. Ya ɗura, ya saita, bututun ya fashe a fuskarsa. A kan amalanke ya cika, ba a kai ga asibiti ba. Kafin sadakar arba'in mutanen Gangare sun ce tsofaffin bindigoginsu sun zama haɗari, suka tafi Damagum yin sababbi. Tudu suka ji, suka bi sahu.

Da Hajjo ta fita takaba ta dawo gida da 'ya'yanta. Ba ɗakina ta fara shiga ba, maƙera ta nufa, ina biye da ita. Ta kwance wani ƙunshi ta ajiye a kan uwar maƙera: fasasshen bututu, da ƙotar nan mai tagulla.

"Baba, ga ta," in ji ta. "Ka daɗe kana nema."

Bai ɗago kai ba. Ya jawo gawayi, ya ce in kama masa zugazugi tunda ba kowa. Na kama, ina hurawa ina kuka, ina jin haushinsa ina jin tausayinsa. Ƙarfen bai isa garma ba, 'yar fartanya ya fitar. Da ita Hajjo ta yi noman kuɓewa da yakuwa a bayan gidanmu ta ciyar da marayunta, kuma har Allah ya karɓi ransa ban ƙara jin ta ce masa komai ba sai gaisuwa.