Ranar da Na Naɗo Kukan Gauraki a Hokkaido

Shekarun baya, a gidan rediyon da nake aiki a London aka ce ana neman wanda zai je tsibirin Hokkaido na Japan ya naɗo kukan gauraki a cikin ƙanƙara. Ban san abin da ya hau kaina ba, na ɗaga hannu. Abokina ya tuntsire da dariya, ya ce, "Kai da kake saka riga uku kafin ka fito jiran bas a Plumstead? Wallahi a akwati za a dawo mana da kai."

Na yanki tikitin jirgi, na tafi.

Kwana uku ina yawo, ƙanƙara har gwiwa. Sawun dila na gani, barewa na gani, amma gauraka ko ɗaya bai buɗe baki ba. Sanyi kuma ya shanye batirin rikoda. Saura kwana guda in dawo hannu rabbana.

Matar da ta sauke ni tsohuwa ce 'yar ƙabilar Ainu, mutanen asalin tsibirin. Da yamma ta ɗauko wani ɗan tsinken gora mai zare, ta kai baki tana kaɗawa. Na ce, "Kai, wannan ai bambaro ne!" Irinsa kakana yake busawa a ƙauye. Na karɓa na gwada, na yi ɓarna, na sake, har sautin ya fito. Ta yi dariya har da hawaye. Sai ta ce wa tafintan da ke mana fassara, "Gaya wa ɗan nan ya kwana da batirinsa a hammata don ya ji ɗumi. Da asuba ni zan kai shi."

Bayan na yi sallah ta kai ni bakin wani kogi da ba ya daskarewa. Tururi na tashi, can nesa dutse mai aman wuta. Ga gaurakin nan tsaye cikin ruwa, farare, kawunansu da ja. Ta ce in yi shiru, a wurinsu tsuntsayen nan abin girmamawa ne. Rana na ɓullowa biyu suka ɗaga wuya suka rangaɗa, sauran suka amsa. Na kunna rikoda, na naɗa duka.

Da aka saka shirin, mahaifiyata ta kira daga Katsina. "Ashe kai ne a can? Na tara maƙwabta sun ji!"

Har yau in aiki ya gagare ni, nakan daina zafin nema, in zauna da masu wurin tukuna. Alhamdu lillahi, ban taɓa tashi hannu wofi ba.