Rimot ɗin Baba Rushe

Leburori ne suka laƙaba masa sunan, kuma ba don ƙauna ba. Shekara arba'in da ɗoriya yana gini, duk wanda ya taɓa miƙa masa bulo ya san halinsa. Zai zo ya tsaya a gindin bango, ya kanne ido ɗaya, ya saki igiyar awo, in bangon ya kauce ko da faɗin farce ne sai ka ji, "Rushe!" Ba ruwansa da rana ta take, ba ruwansa da mai gidan yana tsaye yana huci. Haka sunan ya bi shi har tsufa, jikokinsa ma ba su san yana da wani suna ba sai Baba Rushe.

Abin takaicin, gida ɗaya tilo da ya gina wa kansa shi aka rushe, kuma ba karkacewa ya yi ba. Titi aka zo faɗaɗawa. Ɗaki huɗu ne da tsakar gida, da bishiyar lemo a bakin famfo, da wata 'yar baranda inda matarsa take ajiye keken ɗinkinta. Ita Allah bai nuna mata ranar ba, ta riga ta rasu da shekara biyu. Shi kuwa yana tsaye aka sa katafila, abin da ya ce kawai shi ne, ko ba komai bangon ya ba ta wahala kafin ya faɗi.

Daga nan ya koma wurin babban ɗansa, hawa na uku, ɗaki mai taga ɗaya da ke kallon bayan wani benen. Ba a rage shi da komai ba, surukarsa ma har ta fi ɗan nasa kula da shi. Amma mutumin da ya saba yini a saman gini, zaman kujera ciwo ne a wurinsa. Ga kewar Auta, 'yarsa ta ƙarshe, wadda take aikin jinya a wata ƙasa mai nisa. Shekara shida ke nan ba ta zo ba, takardunta ba su ba ta damar ta fito ta koma ba. Tana kiransa a waya, ba ta fashi, sai dai wayar ba ta wuce minti uku. "Lafiya?" "Lafiya lau." "Ya aikin?" "Alhamdulillahi." Shi ke nan sai shiru, kowa yana jin numfashin ɗan'uwansa. Baba Rushe bai iya magana hannu sake ba, tun yana saurayi sai da aiki a gabansa bakinsa yake buɗewa.

Auta ta san ubanta. Wata rana sai ga saƙo: wata 'yar na'ura da ake jona wa talabijin, da rimot mai kunnuwa biyu da ake riƙewa da hannu bibbiyu. Wasan gini ne, in ji ta. Ba faɗa, ba tsere, fili ne kawai iya ganinka, ka haƙa, ka sare itace, ka jera bulo, ka gina abin da ka ga dama. Kuma in ta shiga daga can, shi ya shiga daga nan, za su haɗu a fili ɗaya suna jin muryar juna.

"Ni za a mayar yaro?" in ji Baba Rushe. "Da furfurata?"

Sai da babban ɗan ya kunna, don kada ran Auta ya ɓaci. Ga wata 'yar mutum mai riga ruwan ɗorawa, ta Auta, tana tsalle a allon, ga wani bango da ta ɗaga a bayanta. Tsohon ya matso, ya kanne ido ɗaya.

"Ke! Wa ya koya miki ɗora bango ba harsashi?"

"Baba, a nan ba ya faɗuwa."

"Ko a ina ne. Rushe!"

To, ka ji yadda aka kama shi. Sati biyu ya yi yana faɗawa rami yana kallon sama, kafin yatsunsa su gane cewa ɗan sitiyarin hagu shi ke tafiyar da ƙafa, na dama yana juya kai, madannin da ke ƙarƙashin manuniyar dama yana fasa bulo, na hagu yana ɗorawa. Daga nan kowace Asabar bayan la'asar, ranar hutunta, sai su haɗu. Ba wanda ya ce a sake gina tsohon gidan, kawai dai sun wayi gari shi suke ginawa. Shi yana riƙe da awo a ka, ƙafa nawa tsakanin famfo da ɗakin girki. Ita kuma ta riƙe abin da shi ya manta, launin ƙyauren ɗakinsu, da lungun da kyanwa ta taɓa haihuwa.

Kuma bakin ya buɗe. Yana jera bulo yana ba ta labarin ranar da aka haife ta, yadda ya bar kankare a kwaɓe ya ruga asibiti har ya daskare a banza. Ya gaya mata cewa har gobe in ya ji ƙarar keken ɗinki a maƙwabta sai ya waiga. Abin da bai faɗa ba cikin shekara shida ya faɗe shi cikin wata biyar. Duk mako Asabar yake jira, tun daga Laraba yake sa rimot a caji.

Rigimarsu ɗaya ce, ta ƙofofi. Wata Asabar ya shiga ya tarar ta bi ƙofofin gidan kaf ta faɗaɗa su, kowacce faɗin bulo uku.

"Wannan ƙofa ce ko gareji? Mota za mu shigar ɗakin kwana?"

"Ni dai haka nake so, Baba."

"Rushe!"

"Ba zan rushe ba."

A duniya ba a taɓa ce masa haka a wurin gini ba. Ya yi mita har ya gaji, ya ce taurin kan uwarta ne ta kwaso, amma ƙofofin suka zauna.

Sai abin ya fara lalacewa. Ɗan mutuminsa na cikin wasan ya daina tsayuwa wuri ɗaya, kansa sai karkarwa, ya saita bulo nan ya faɗa can. Ran nan suna aikin baranda, yatsansa ya taɓa madannin fasawa ba da niyya ba, ginshiƙi guda ya tarwatse. Barandar matarsa! Ya ce rimot ne ya tsufa, Auta ta ce haka ne, ta gyara ginshiƙin ba ta ƙara magana ba. Asabar ta gaba ya sa aka ce mata intanet ba kyau. Ya zauna a bakin gado yana kallon baƙin allo har magariba, kewa kamar ta kashe shi.

Ba wai bai sani ba ne. Ya fi wata uku da daina ɗaukar kofin shayi da hannun dama in surukarsa tana wurin. Amma in ya yarda hannun ne, to ranar Asabar ta kusa ƙarewa ke nan, a koma "lafiya, lafiya lau". Kuma Auta za ta sani, ta zauna can ita kaɗai tana kuka, ba halin zuwa. Gara dai rimot ɗin ya zama mai laifi.

Ranar Juma'a da hantsi ya zuba na'urar da rimot a jaka ya sauka layin masu gyaran waya. Akwai wani da ake kira Injiniya, mutum mai sanƙo da tabarau biyu, ɗaya a ido ɗaya a goshi, shagonsa a ƙarƙashin matakala, sai ƙaurin dalma da tarin ƙananan kusoshi a murfin gwangwani.

"Wannan abin ya haukace," in ji Baba Rushe. "Rawa yake shi kaɗai."

"Suna yi, Baba, in ƙura ta shige su. Bari mu gani."

Injiniya ya jona komai a wani ƙaramin allo, ya shiga wurin saiti. Wata da'ira ta fito da ɗigo a tsakiyarta. Ya ce ɗigon nan shi ne sitiyarin, in rimot ne ke da ciwo za a ga yana yawo ko ba a taɓa shi ba. Ya ajiye rimot a kan tebur. Ɗigo ya tsaya cak, ko gezau. Suka jira, bai motsa ba.

"Ɗan riƙe, Baba, kamar yadda kake yi a gida."

Ya riƙe, ya ɗora babban yatsa. Nan take ɗigon ya kama rawa, hagu, dama, sama, kamar ƙudan da aka rufe a kwalba. Injiniya ya sauke tabarau ya shiga goge shi da bakin riga, gogewar da ba ta da dalili.

"Faɗi mana," in ji tsohon. "Ni ma na sha gaya wa mutane bangonsu ya karkace."

"Rimot lafiyarsa ƙalau, Baba."

Baba Rushe ya ajiye shi a hankali, ya sa hannun a aljihu. Wallahi da ƙasa za ta tsage da ya shige. Ya fara naɗe waya zai mayar jaka.

"Tsaya mana, ai ban gama ba. Lafiyarsa ƙalau, sai dai ya cika jin magana, ko numfashi ka yi sai ya ɗauka umarni ne. Ana iya rage masa."

Ya nuna masa wata ƙaramar da'ira a cikin babbar. Duk motsin da bai fita daga cikinta ba, wasan ba ya kula shi. Ya ja ta ta buɗe, daga goma zuwa arba'in. Baba Rushe ya gwada, ɗan mutumin ya tsaya ƙyam, amma in an ce ya juya sai ya yi nauyi kamar jakin da ya ƙoshi.

"Ka zarce. Rage kaɗan."

Talatin da biyar. Talatin da biyu. "Nan!" Suka rage saurin juya kai. Madannin fasawa kuma Injiniya ya ɗauke shi daga ƙarƙashin manuniyar dama ya mayar hagu, ya sa sai an danne an riƙe kafin bulo ya fashe. Sun fi awa suna yi, ana zuwa karɓar waya yana cewa a dawo. A ƙarshe tsohon ya jera bulo goma sha biyu a layi, ya kanne ido, bai sami abin rushewa ba.

"Ashe kai ma magini ne."

"Na rimot kawai na gyara, Baba. Ɗayan kuma sai likita, kada ka bar shi."

Asabar tun azahar ya yi wanka ya sa hula, kamar mai zuwa tarar baƙo. Da ya shiga tana nan tana jira a bakin famfo da rigarta ta ɗorawa. Ya ce yau rufin baranda, suka hau. Ya ɗora, ya ɗora, ko ɗaya bai kauce ba, har yana 'yar waƙarsa ta wurin aiki. Da suka gama ya sauko tsakar gida ya tsaya yana kallon aikin.

"Baba?" Muryarta ta canja. "Baba, kana nan?"

"Ina zan je?"

"Na ga ka tsaya cak ne. Gabana ya faɗi."

"An gyara rimot," in ji shi, da ɗan alfahari. "Ƙura ce."

'Yar mutum ɗinta ta matso kusa da nasa.

"Baba, ni fa aikina ke nan. Masu irin wannan hannun nake riƙewa kullum. Wata huɗu ina kallon kan mutuminka yana rawa, da shi nake gane kana riƙe da rimot, kana tare da ni. Jira nake ka faɗa mini da bakinka."

Hannun yana kan cinyarsa yana abin da ya saba.

"Sai ka bugi gefen ƙofa sau uku kafin ka shiga ɗaki," ta ce. "Kana tsaki, kana cewa rimot. Na kasa jurewa."

Ya tura sitiyarin hagu, ɗan mutumin ya taka zuwa ƙofar ɗakin matarsa, ya tsaya. Faɗin bulo uku. Wata uku yana shiga yana fita ta cikinta yana zagin aikin, bai taɓa tambayar kansa yaushe ya daina bugun bango ba. Idonsa ya cika, allon ya dishe.

"Na yi magana da Yaya, Litinin zai kai ka asibiti. Kada ka yi masa gardama."

"To."

"To? Baba, kai ne kuwa?" Ta yi dariya da hanci a toshe. "Yanzu da aka gyara rimot, in rushe ƙofofin in mayar da su yadda suke a da?"

Ya kanne ido ɗaya, don sabo. Ƙofar ba ta kan awo, ko kusa, ba magini mai hankali da zai bar ta.

"Bar su," ya ce. Ya share fuska da bayan hannu. "Auta, ina kewarki. Yaushe za ki zo?"

Shekara shida bai taɓa tambaya ba, don ya san amsar.

"Ina ƙoƙari, Baba. Wallahi ina ƙoƙari."

"To, zo mu zauna a baranda kafin a kira magariba."

'Yar mai rigar ɗorawa ta taho da gudu ta tsaya a gefensa, daidai inda keken ɗinki yake a da.