Littafina da Sunan Taubashiyata

Babanmu masinja ne a sakatariya a Gaya har ya yi ritaya. Kullum da yamma in ya dawo garinmu Balan a kan kekensa, sai ya jingine shi a zaure ya hau ba mu labarin fayil. Wani fayil ya yi wata uku a kan tebur yana jiran sa hannu ɗaya. Wani kuma a yini guda ya mai da burtalin shanu gonar wani. Daga bakinsa na samo labarin da na rubuta bayan na girma.

Lokacin ina aure a Gafasa, ina koyar da 'yan aji huɗu a firamare. In na taso na gama girki, sai in zauna a gindin darbejiya da littafin rubutu. Labarin wata makarantar sihiri ce a cikin kogon kuka, inda ba a koyar da laya ko turare ko surkulle. Cike fom kawai ɗalibai ke koya. In kana so rana ta fito ta yamma, sai ka rubuta takardar nema kwafi uku, magatakarda ya sa hannu da jan biro, a buga hatimi, shi ke nan dokar duniya ta sauya. Jarumar 'yar makiyaya ce da ta shiga makarantar don ta dawo wa ubanta da burtalinsa, sai ta tarar fom ɗin da take nema ba a ba da shi sai an cike wani fom. Ina rubutawa ina dariya ni kaɗai. Littafi biyar na cika.

Taubashiyata, 'yar kawuna, tana aiki a shagon buga takardu kusa da tasha a Gaya. Tare muka tashi, kwano ɗaya muke ci, ita ce ma babbar ƙawata ranar bikina. Da ta zo mini yini na karanta mata babi biyu, ta yi ta dariya har da riƙe ciki.

"Yaya, wannan ai bai kamata ya ruɓe a akwati ba," in ji ta. "Kawo in buga miki a kwamfuta."

Na zuba su a leda na ba ta duka biyar ɗin. Ko shafi ɗaya ban rage ba.

Wata ya bi wata. In na kira ta, yau babu wuta, gobe kwamfuta ta lalace. Ban kawo komai a raina ba.

Wata ranar Asabar da la'asar ina ɓarar gyaɗa a tsakar gida, rediyon maƙwabciyata na ta magana ta kan katanga. Shirin karanta littattafai ake yi. Sai na ji mai karatun ya kai wurin da magatakarda ke korar iska daga ofis don ba ta zo da hoton fasfo ba. Hannuna ya tsaya a cikin faifai. Na san kowace kalma kafin ya faɗe ta. Na miƙe na manne da katanga har aka gama, aka faɗi sunan marubuciya. Sunan taubashiyata ne.

Washegari na hau acaɓa zuwa Gaya. Na tarar da ita tana buga wa wani mutum takarda, na jira ya fita.

"Ina littattafaina?"

"Ruwa ne ya shiga shago da damina, Yaya. Sun jiƙe, an zubar."

"Labarin kuma ya tsira, ya fito da sunanki?"

Ba ta sunkuyar da kai ba. Ta jawo durowa ta fito da ambulan. Takardar rantsuwa ce da ta yi cewa labarin nata ne, da takardar rajista daga wata ƙungiyar marubuta, kowacce da hatiminta.

"Ni na buga, ni na gyara, ni na yi ta zirga-zirgar Kano," ta ce. "Da yana hannunki wa zai ji shi? Kuma ai na canza abubuwa."

Ta canza kuwa. 'Yar makiyayan ta koma 'yar attajiri, burtalin ya koma fili a birni. Wai masu sauraro ba sa son zancen shanu.

Na kai ƙara gida. Aka zauna a zauren babanmu, da kawu da Inna. Kawu ya ce wasan taubasai ne ya yi tsawo, in yi haƙuri. Inna tana share hawaye da gefen mayafi, tana cewa kada tatsuniya ta raba ta da ɗan'uwanta. Ni babana kawai nake kallo, don ya san inda kowane fayil na labarin ya fito. Ya sa tabarau, ya karɓi takardun, ya ɗaga su sama ya duba hatimin, ya juya bayansu. Ya daɗe.

"Takardun nan ba su da aibu," ya ce. Sannan ya dube ni. "Na san naki ne, uwata. Amma me kika riƙe a hannu?"

Ban riƙe komai ba. Na ɗauki jakata na fita, ban tsaya cin abinci ba. Maganarsa ta fi ta kowa yi mini ciwo, ko da yake ba ƙarya ya faɗa ba.

Abin da taubashiyata ba ta lura da shi ba, littafi na biyar bai kai ƙarshen labarin ba. Bayan wata biyu sai ga saƙonta a waya: "Yaya, don Allah yaya yarinyar za ta fita daga makarantar? 'Yan rediyo suna ta tambayata." Na karanta sau uku, ban amsa ba. Daga baya maƙwabciyata ta gaya mini an ƙarasa shi a rediyo, an aurar da yarinyar ga magatakarda.

Shekara biyu ban sake rubuta ko layi ɗaya ba. Muna haɗuwa da ita a gidan suna da gidan rasuwa. Takan durƙusa ta gaishe ni, in amsa, in tambaye ta yara. A bikin ƙanwarta na ji wata mata tana nuna ta tana cewa ga marubuciya nan. Ina zaune kusa da su ina yanka albasa.