Barkonon da Ya Rage a Tiyo

Shekara biyu da gama jami'a, takarduna suna kwance a ofisoshin Diffa ba amsa, sai kawuna ya roƙi wani tsohon makaniki ya ɗauke ni aiki a garajinsa. Injinan ban ruwa yake gyarawa, na manoman tattasai na bakin Komadugu. Ya yarda, amma gwajin wata ɗaya. Kawu ya ce mini wannan ne mutum na ƙarshe da zai iya roƙa. Ban iya kwance ko noti ba, saboda haka aka ba ni shara, da kula da wani inji da mai garajin ya saya hannun ma'aikatan agaji.

Injin kamar ƙaramin duro yake, yana zuƙe ƙura da ruwa. Baki biyu gare shi. In an sa tiyo a na gaba, zuƙa yake. In an mayar da shi na baya, hurawa yake. Ni kaɗai na karanta takardarsa ta Faransanci, har sau uku. Shi ya sa Baba, haka muke ce wa mai garajin, yake kirana Mushe, sunan da ake kiran malamin lakwal, wato makarantar boko.

Wata safiya buhun garin barkono ya fashe a motar da ta kawo mana aiki, ya zube a ƙofa. Na zuƙe shi tas da injin, na juye duron, na goge. Tiyon ne ban taɓa ba. Cikinsa gaɓa-gaɓa ne, gari yana maƙalewa, kuma takardar ta yi gargaɗi a kan haka. Na so in wanke shi, sai na ji tsoron kada a neme shi bai bushe ba, a ce na ɓata kaya. Na ce bari in tambaya tukuna. Ban tambaya ba.

Bayan azahar wani dattijon manomi ya zo daga wajen Geskeru da injinsa na ban ruwa, yashi ya cika shi. Kwana biyu shukarsa ba ta sha ruwa ba. Ya durƙusa, fuskarsa dab da injin, yana nuna wa Baba inda yake zargi. Baba ya jawo injin shara, ya zare tiyo daga gaba, ya murɗa shi a baya don ya hure yashin.

Na matso. "Baba, ina ganin wataƙila zai fi kyau a ɗan dakata, ko da yake ban tabbata ba, amma takardar tana cewa kafin a juya..."

"Mushe ya buɗe aji," in ji Baba, ko dubana bai yi ba. "Alhaji, ka zo da alƙalami?"

Manomin ya yi dariya. "Ni lakwal ta wuce ni. Ya koya wa jikokina."

Baba ya danna.

Jan gari ya fito lokaci guda, ya daki ƙarfen, ya koma idon dattijon. Ya faɗi zaune, hannu biyu a fuska, yana ta salati. Muka zuba masa ruwan buta, ya ƙare, muka ƙaro. Baba ya kai shi asibiti a motar maƙwabci. Daga baya na ji cewa idon ya warke bayan kwanaki. Shukar kuwa, an ce rabinta ya bushe, ban dai gani da idona ba.

Da Baba ya dawo, ya tarar da ni ina wanke tiyon.

"Ka san akwai barkono a ciki?"

"Ina zaton..."

"Ka sani ko ba ka sani ba?"

"Na sani, Baba."

"To me ya hana ka ce mini tsaya?"

A gidanmu ba a cewa mai furfura ya tsaya. Zagaye ake yi har ya gane da kansa. A makaranta kuma shekaru aka yi ana jan layi a ƙarƙashin duk abin da na faɗa ba tare da hujja ba. Na koyi duka biyun da kyau, an ma yaba mini. Ban ce laifin na wani ne ba. Amma har yau ina jin haushin cewa ladabin da aka fi yabona da shi ne ya ƙone idon bawan Allah.

"Ajiye tiyon," in ji Baba. "Ka gaida kawunka. Gobe ka huta, ni zan je in same shi."

Kwana goma sha ɗaya suka rage watan gwajin ya cika. Kawu bai yi mini faɗa ba, da ma ya yi. Daga ranar, in baƙi suka tambaye shi aikin da nake yi, sai ya ce ina nan lafiya, ya kawo wata maganar.