Layina ya koma hannun surukata

Jama'a, mai neman albasata daga yau ya kira surukata.

Da safe na tarar an rufe mini layi. Ga albasa buhu talatin na kwashe a Bakolori, ta fara tsiro, mai saye kuma wannan lambar kaɗai ya sani.

Na tafi ofishin 'yan waya a Mafara. Ma'aikacin ya ce doka ce, sai mai layin ya dangwala yatsa. Na ce ga ni. Ya juyo mini kwamfuta. Hoton Inna, uwar matata!

Sai na tuna. Ranar rajista a kasuwar Damri maza sun yi yawa, matata ta miƙa wa Inna sim ɗin ta bi sahun mata.

Shekara goma sha biyu ban haɗa ido da Inna ba, saboda kunyar surukuta. Na ɗaukar mata ɗan kabu-kabu, ina biye daga nesa. Ta dangwala, aka buɗe. Ma'aikacin ya miƙa mata wayar, ya ce, “Hajiya, ga layinki.”

Nan take mai saye ya kira. Inna ta ɗauka. Ta ce, “Kai, yaro, albasar tamu za ka yi wa wannan tayi? Ƙara!” Wallahi ya ƙara.

Ta jefa wayar cikin jakarta, ta ce, “Allah shi yi albarka.”

Na ce amin. Da wane baki zan ce ta ba ni? Da wayar matata nake rubuto muku.